Soso a Gefen Dama

Tun da aka yi wa Yaya tiyata aka cire mata nonon hagu, ba ta koma koyarwa ba. Ranar Litinin hutunta zai ƙare, kuma babu abin da take tsoro kamar idon ɗalibai. Shi ya sa ta kai wa tela yadi, ta ce a ɗinka mata riga, a sa soso ta ciki, a gefen da babu.

Da safiyar Litinin ɗin na raka ta shagon, don ta sa rigar a can ta wuce makaranta. Telar ƙawarta ce tun suna 'yan mata. Yaya ta shiga bayan labule ta sa rigar.

Da ta fito, dama ta yi tudu, hagu kuwa a shafe kamar faranti. Ashe ranar awo suna fuskantar juna ne, telar ta bi nata hagun ta yi alama da alli.

"Na shiga uku!" in ji telar, ta dafe kai. "Ba ni zuwa azahar in warware in juya shi."

"Wace azahar? An kusa kaɗa ƙararrawa."

Yaya ta daɗe a gaban madubi. Can sai kafaɗunta suka fara rawa, ashe dariya take yi.

"Allah ya shirye ki! Mai ƙoshi kika ƙara wa, kika bar marayan da yunwa."

Telar ta share hawaye. "Ji mai magana. Ke da kike ɗaure nonuwan da ɗankwali muna yara, wai kada a ce kin girma."

"Haka fa. Da suka fito na ɓoye. Da 'ya'ya suka tsotse su suka kwanta, na ɓoye. Yanzu kuma wanda ba ya nan ma sai na ɓoye shi? Na gaji. Miƙo min reza."

Da hannunta ta tsinke zaren, ta zaro soson ta ajiye a kan keken ɗinki. Ta mai da rigar, ta saɓa gyale a kafaɗa yadda ta saba.

Na ce, "Yaya, yaran nan fa za su kalla."

"Su kalla, ƙanwata. In sun gama sai su buɗe littafi."

A bakin ƙofar makaranta na tsaya. Ta ratsa fili ba ta waiwayo ba. Jim kaɗan na jiyo muryarta ta tagar aji, tana yi wa ɗalibai tsawa yadda ta saba:

"Wa ya ce ku zauna?"