Kwaɗon Kwamared Badamasi

Kwamared Badamasi ya tsufa, shi ne dai bai yarda ba. Da ya sauka daga shugabancin ƙungiyar ma'aikatan wata hukuma a Garki, komai ya miƙa sai sarƙa da ƙaton kwaɗon da yake garƙame get da su lokacin yajin aiki. A zamaninsa, in ya rataya kwaɗon nan, ko darakta sai dai ya sha rana a waje. Makullinsa biyu ne bisa al'adar ƙungiya, ɗaya wurin shugaba, ɗaya wurin sakatare, ko da 'yan sanda za su ɗauke ɗayansu. Sakatarensa Nazeer ne, wanda ya gaje shi.

Ran nan Miriam, mai shara a hukumar tun tana goyon ɗanta na fari, ta same shi a gida. Ta ce an sallami masu shara duka, an ba wani kamfani aikin, gobe za su miƙa rigunansu na aiki. Ta yi sintiri ofishin Nazeer har ta gaji, kullum sai a ce mata ana tattaunawa.

"Oga, kai ne ya tsaya mana wancan lokaci," in ji ta. "Yanzu ba kowa."

Abin ya ci masa rai, ya kuma yi masa daɗi, don ya daɗe ba a neme shi ba.

Washegari da sassafe ya naɗe get ɗin hukumar da sarƙa, ya danna kwaɗo. Masu shara suka tsaya bayansa. Ya ɗaga hannu ya soma waƙar gwagwarmaya, murya ta ƙi fita, sai tari. Ma'aikata suka taru, yawancinsu 'yan kwantiragi ne da ba su san shi ba. Suka ɗaga wayoyi suna ɗaukarsa, wani na tambayar wane ne wannan tsoho. Ba wanda ya amsa waƙar.

Can sai ga Nazeer ya fito daga motar darakta. Ya durƙusa har ƙasa ya gaishe shi, ya tambayi lafiyar ƙafarsa da iyali.

"Baba, ka bar mana wannan. Magana tana kan tebur."

Badamasi ya ce ba mai shiga sai an mayar da matan nan aiki. Nazeer bai yi musu ba. Ya laluba aljihu ya fito da makullin da Badamasi ya damƙa masa da hannunsa tun yana sakatare, ya buɗe kwaɗon, ya ninke sarƙar tsaf, ya miƙa masa da hannu biyu cikin ladabi. Da zaginsa ya yi, da ya fi sauƙi.

Motoci suka yi ta shigewa. Badamasi na tsaye rungume da ƙarfe, kunya ta hana shi duban matan. Miriam ta ga sarƙar na rinjayarsa, ta karɓa, ta tsayar masa da tasi, ta ajiye masa ita kusa da ƙafarsa. Sannan ta shiga ciki ta miƙa rigarta.