Maganar da Hansai Ta Sa Masa a Baki

…kuma wai sunan wannan soyayya. Hansai tana duban shafin littafin labarin zane, farin fentin da ta shafe rubutun Japananci da shi bai gama bushewa ba. Maza biyu ne a zanen: dogon ya matse wuyan hannun siririn, ya jefa makullin ɗaki a aljihu. Aikinta ke nan — ta shafe, ta cike gurbin magana da Turanci, Yukie 'yar ajinsu a jami'ar da ke Aldwych, nan ƙasar Turawa, ta buga kwafi ta raba wa 'yan mata. Da farko maza biyun ne suka dame ta, ta yi ta a'uzubillahi. Yanzu fa? Makullin ne.

Yukie a dunƙule take ba ta ma'ana: "Nan yana fushi, ki gyara." Ta kuwa gyara. Ina take samo kalmomin? Don ina son ka ne… Wa kake da shi a garin nan in ba ni ba? Daga bakin Zuberu mijinta, likita, mai taushin murya a gaban baƙi. Da ɗuminsu take ɗebowa ta zuba wa dogon.

'Yan matan kuwa sai mutuwa suke a kansa! Wata har kuka ta yi, wai da ma ta sami mai son ta haka. Haka? Fasfon Hansai yana jakar Zuberu — ajiya. Ranar da ba lacca, ta waje yake kulle gidan — tsaro, unguwar nan ta Camberwell ba Zariya ba ce. Da ya murɗe mata hannun nan, shi ya ɗaure shi da bandeji yana hawaye. Gwanin ɗauri ne, wannan kam ba a ƙwace masa. Inna a waya: haƙuri, Hansai, mai kishinki shi ne mai son ki…

Shafin ƙarshe. Siririn, leɓe a fashe, kai a ƙirjin dogon. Yukie ta ce godiya yake yi da ba a rabu da shi ba. Godiya! Ta rubuta masa "buɗe min ƙofa" mana, wa zai sani? Ta ɗora alƙalami — a'a. Murmushi yake yi, maganar ba za ta zauna a wannan fuskar ba. Ta san murmushin, ta san ma inda yake ciwo.

Taku a matakala. Makulli yana juyawa ta waje, gurbin maganar yana nan fari fat… fuskarta kuwa har ta fara haɗa murmushin.