Ranar da Za a Cilla Du-sik Sama

"Ja cikinka ciki," in ji Eun-suk. Ta kama bakin ɗamarar da hannu biyu ta ja.

"Ai na ja."

"Wannan ne ka ja? Ashe kajin da muke soyawa ba duka ake sayarwa ba."

Maeng Du-sik ya ƙara jan cikinsa. Ya dafa bangon kicin ɗin shagonsu, kansa na gogar silin, yana sauraron ƙashin bayansa. Likita ne ya ɗaura masa wannan ɗamara tun bara, ya kuma ce kada ya kuskura ya ɗaga abin da ya fi tukunyar shinkafa nauyi, in har yana son ya ci gaba da tafiya da ƙafafunsa. Tun daga ranar, jarkar mai ma matarsa Eun-suk ce ke ɗauka.

"Baban Ha-yun, mutumin da aka hana ya ɗaga tukunya shi ne za a wurga sama kamar buhu?"

"Ke ba ki san harkar ba. Wanda ke sama ba ya jin komai, na ƙasa ne ke shan wuya. Ni za ki gaya wa?"

A nan kam gaskiyarsa. Du-sik ya yi shekara goma sha uku a ƙungiyar ƙwallon kwando ta kamfanin siminti na garinmu Jecheon. In aka ce buga wasa ya yi, to an yi masa kara. Benci ya ɗumama. Sai dogon ƙungiya na gaskiya ya gaji koci ke waiwayowa ya ce, "Du-sik, shiga ka tsaya a gaban wancan." Ya shiga, ya tsaya, ya bangaje mutum biyu, alƙali ya busa, ya dawo mazauninsa tun bai huce ba.

Amma akwai aiki ɗaya da ba a yi sai da shi. Idan an ci kofi, ko wani babba zai ajiye wasa, 'yan wasa kan taru su kwantar da shi a hannuwansu, su cilla shi sama, su cafe, su sake cillawa, jama'a na ihu. Du-sik ne ke tsayawa wajen kafaɗu, inda nauyi ke saukowa. Ya cafe koci uku da taurarin da bai san adadinsu ba, bai taɓa yar da kowa ba. Da nasa lokacin ya zo, wata yarinya ce daga ofis ta bugo masa waya ta ce ya zo ya kwashe takalmansa, ana bukatar akwatin ajiyar da suke ciki. Wannan abu ya tsaya masa a rai, kuma bai taɓa ɓoyewa ba. Duk wanda ya ci kaza a shagon ya sha labarin, kyauta.

Sai ga shi a makon jiya Tak Jin-u ya kira shi. Jin-u ɗin da ya zo ƙungiyar yana yaro, yana wanke wa Du-sik safa a ɗakin kwanan 'yan wasa, yau shi ne tauraron da fuskarsa ke jikin kwalin taliya. Ranar Asabar zai ajiye wasa.

"Yaya," ya ce, "ba a yi maka adalci ba. Ka zo. Da an sauke ni, kai za a ɗaga. Na yi magana da ofis."

Du-sik ya ce masa zai duba ko yana da sarari. Da ya ajiye wayar sai ya shiga ɗakin ajiyar kaji ya rufe ƙofa, ya daɗe bai fito ba.

Ranar Asabar ɗin sun isa filin wasan da rana tsaka, shi cikin kwat ɗin aurensa da ta daina rufuwa, ita riƙe da jakar magungunansa. Jin-u ya taho da gudu ya rusuna har ƙasa, ya kama hannunsa da hannu biyu, ya juya ga yaran ƙungiyar.

"Ku gaishe da Babban Yaya. Wannan da kuke gani, shi ya raine ni."

Yaran suka rusuna baki ɗaya suka yi gaisuwa da ƙarfi. Da suka ɗago, na ƙarshen layin ya raɗa wa na kusa da shi, "Waye?" Wancan ya ce, "Mai kaza ne, na bayan tasha."

Manaja Bong ya ƙaraso yana share gumi. Tun zamanin Du-sik yake kan kujerar nan, kuma abin da ya riƙe shi a kai shi ne bai taɓa barin wani babba ya ji kunya a gabansa ba.

"Du-sik, ka yi ƙiba. An ɗan samu canji. Shugaban kamfani zai zo da kansa."

"Madalla, Manaja."

"To ka san tsari. Ba za a ɗaga yaro Shugaba na tsaye yana kallo ba. Shi za a fara cillawa, sai koci, sai Jin-u, sai kai. In 'yan talabijin ba su yanke ba."

"In sun yanke fa?"

"Ai ba talabijin za ta ɗaga ka ba," in ji Bong, ya wuce abinsa.

Aka buga wasa, aka lallasa mu kamar yadda aka saba. Babu wanda ya damu, don ba wasan aka zo kallo ba. Aka rage fitilu, aka nuna tarihin Jin-u a babban allo, matarsa ta yi kuka, 'yan mata a saman benaye suka taya ta. Shugaba ya karɓi lasifika ya yi jawabi a kan siminti. Dattijo ne gajere mai tumbi, wuyansa ya ɓace tun tuni, ya haura saba'in, kuma babu mahalukin da ya isa ya ce masa ranka ya daɗe wannan wasan ba naka ba ne. Da ya gama sai ya tuɓe kwat ya miƙa wa sakatarensa, ya tako tsakiyar fili ya buɗe hannuwa yana jira.

Yaran suka kewaye shi suka yi cirko-cirko. Sai a lokacin kowa ya tuna cewa rabon ƙungiyarmu da kofi tun waɗannan yara na firamare. Ba su taɓa cilla kowa ba. Huɗu suka rungumi ƙafafun Shugaba, biyu suka kama bel ɗinsa, wajen kai kuwa babu kowa sai wani siririn yaro da ke kallon koci.

Bong ya zo gefen fili da sassarfa, fuskarsa ta yi fari fat.

"Du-sik, taimaka. Shiga wajen kafaɗu."

Eun-suk ta riga mijinta magana. "Manaja, bayansa a ɗaure yake. Likita ya hana."

"Uwargida, sau uku ne kacal. Du-sik, kalle su fa! In yaran nan suka fasa kan Shugaba a gaban talabijin, an tashi taro. Ba koci, ba Jin-u, balle kai."

"Baban Ha-yun, ka ce masa a'a. Kalma ɗaya ce, ko jariri ya iya ta."

Du-sik ya dubi Bong, wanda ya girme shi, wanda bai taɓa ce wa a'a ba tun yana ɗan shekara ashirin da uku. Ya dubi tsakiyar fili, inda fitila ta haske katako. Mutum uku ne tsakaninsa da wurin. Tsoro ya kama shi sosai, amma kwaɗayin ya fi tsoron ƙarfi. Ya cire kwat ɗinsa ya ɗora mata a kafaɗa.

"Riƙe min. Kada ta yamutse, zan sa in an zo kaina."

Ya ratsa yaran ya ture siririn gefe. "Kai, matsa. Ku biyu, ku saki bel ɗin, ba akuya ba ce. Hannu a ƙarƙashin baya. Ku na ƙafa, kada ku fi mu ƙarfi, kun ji ko? Tare za mu tashi."

"To, Babban Yaya!"

Na farko ya tafi lafiya. Shugaba ya ɗan tashi ya dawo, yana dariya kamar jikansa. Na biyu ma haka, sai dai Du-sik ya ji wani abu ya yi zafi a ƙugunsa. Jama'a suka ɗauki ihu. Ihun nan ne ya shiga kan yaran da ke wajen ƙafa, waɗanda tun da aka fara kakar bana ba a tafa musu ba. A na uku suka zuba duk ƙarfin da suka hana wasan. Ƙafafun Shugaba suka yi sama, takalmi ɗaya ya tafi yawonsa, kansa ya juyo ƙasa yana nufo katako.

Du-sik bai yi tunani ba. Ya shiga ƙarƙashinsa ya tare shi da ƙirji da hannuwa, dukan nauyin ya sauka a kansa shi kaɗai. Ya ji wata ƙara a cikin jikinsa kafin ya ji zafin. Duk da haka sai da ya dire dattijon a kan ƙafafunsa, sannan ya sulale ya kwanta.

Shugaba ya gyara tabarau, ya ɗaga hannu biyu, fili ya ɗauka. Ya kama hannun koci ya girgiza. "Yaranka suna da ƙarfi," ya ce. "Saura su koyi jefa ƙwallo." Kowa ya yi dariya, Bong ya fi kowa. Aka kawo wa Shugaba takalminsa, aka raka shi mota.

Koci ya ce shi a bar nasa, ya yafe. Jin-u ya durƙusa kusa da Du-sik, kwalliyar da aka yi masa don talabijin tana narkewa.

"Yaya, tashi mana. Yaya?"

"Ƙafata ta hagu," in ji Du-sik. "Tana nan?"

"Tana nan."

"To ni ban ji ta ba."

Eun-suk ta iso ta zube a gefensa. Ba ta yi masa faɗa ba, kuma wannan ya fi ba shi tsoro fiye da ƙafar. Ma'aikatan agaji biyu suka kawo gadon ɗaukar majinyata, aka mirgina shi a kai da dabara, ƙafafunsa suka yi saura a waje. Suka yunƙura, gadon ya ce bai san zance ba. Suka sake yunƙurawa, ɗayan ya kama nasa ƙugun.

Jin-u ya miƙe ya daka wa yaran tsawa. "Me kuke kallo? Ku zo ku kama! A hankali, ɗan uban wanda ya girgiza shi!"

Takwas suka kama. Da yake dogaye ne, kuma hanyar fita ta cika da masu kyamara da kwandunan furanni, sai suka ɗaga gadon har kafaɗa don su wuce. Mai sanarwa ya laluba takardarsa ya ga saura suna ɗaya a tsarin, ya ga kuma an ɗaga mutum, sai ya karanta abinsa da murya mai daɗi: "Jama'a, tsohon ɗan wasanmu, Maeng Du-sik!"

Rabin mutane sun riga sun nufi ƙofa. Waɗanda suka rage suka juyo suka tafa, wasu har da miƙewa. Du-sik na kwance yana kallon fitilun rufin suna wucewa ɗaya bayan ɗaya, kusa da shi fiye da yadda ya taɓa ganinsu. Hawaye ya gangaro ya shiga kunnensa. Shi kansa bai san na zafi ba ne ko na daɗi.

"Maman Ha-yun," ya kira, bai iya juya wuya ba. "Kina nan?"

"Ina nan." Tana bin su da gudu-gudu, kwat a kafaɗa, jakar magani na dukan cinyarta.

"Ciro wayarki ki ɗauke ni hoto."

"Baban Ha-yun, asibiti za mu."

"Na sani. Ki ja baya kaɗan, ki ɗauko har da mutanen." Ya ja numfashi da ƙyar. "In da hali, kada gadon ya fito."