Ranar da Baba Ya Karɓo

Shekara tara Baba mai gida yana shari'a da Mai Ɗinki kan ta tashi daga ɗaki biyun da take haya, saboda ɗansa yana so a rushe a gina shaguna. A shekara taran nan ko sau ɗaya ba a saurare su ba. Yau alƙali ya tafi taro, gobe fayil ya ɓata, jibi an sauya alƙalin ɗungurungum. Sai a ce an ɗage, a ba su wata rana.

Lauyoyinsu tuni suka gaji suka daina zuwa. Su kuwa zaman benci ya mai da su kamar uba da 'ya, mota ɗaya ma suke shiga. Da gwiwar Baba ta fara ciwo sai suka raba aikin: wannan karon ita za ta je ta karɓo musu rana, na gaba shi. Duk ranar da aka bayar takan rubuta da alli a bayan ƙofarta, gefen layukan da take auna tsawon 'ya'yanta uku tun rasuwar ubansu.

Tana kan keken ɗinki ta ji a rediyo cewa babbar kotu ta umarci ƙananan kotuna su kammala tsofaffin ƙararrakin tashin 'yan haya cikin wata uku. Ta ci gaba da taka kekenta.

"Mama, ki je da kanki wannan karon," in ji babbar 'yarta.

"Ke dai raba ni! Kotun da ta kasa gano fayil ce za ta gano sauri? Kayan makaranta ashirin ke jirana, kuma layin Baba ne."

Ranar shari'a, bayan la'asar, Baba ya dawo. Bai zauna a kujerar da ya saba ba, bai tsokani autarta ba. Ya tsaya a bakin ƙofa yana juya sandarsa.

"Sannu da dawowa, Baba. Yau kuma wa ya tafi taro?"

"'Yata, yau kotu ta zauna."

Ta ɗauke ƙafa daga keken.

"Sabon alƙali ne. Lauyan yarona ma ya zo, wanda rabona da shi shekara huɗu. Aka kira sunanki sau uku. Sai na miƙe na ce kina gida kina ɗinki, kin aiko ni in karɓo mana rana. Aka yi ta dariya. Wallahi na ɗauka taimakonki nake yi."

"Sai me?"

"Alƙali ya ce tunda kin san da zaman kika ƙi zuwa, ba ki da abin cewa. Minti goma ba a yi ba ya yanke hukunci."

Ta so ta yi masa ihu, amma tsohon kuka yake yi, mutumin da ya ci shari'a. Tsoro ya kama ta sosai: ina za ta kai keke da yara uku? Ta duba hannunta, ashe ta riga ta ɗauko allin tun shigowarsa.

"Wace rana suka ba mu, Baba?"

"Talatin ga wata. Amma ba ta komawa kotu ba ce."

Ta juya ƙofar. Ranaku sun cinye katakon tun daga sama, babu sauran wuri sai kan layin tsawon autarta. Nan ta rubuta.