Agogon da Auta Ya Sauke

Auta bai taɓa ɗaukar kansa mugu ba, kuma tsakani da Allah ba mugu ba ne. Mutum ne dai da ya je kwas na kwana biyu kan yadda ake tafiyar da sana'a, ya dawo da satifiket da sabon ido, ya shiga ganin ɓata lokaci a ko'ina. Ko atishawa ma'aikaci ya yi sau uku a jere, sai Auta ya ga kamar biyu sun isa.

Shagon ɗinkin kwat ne, ɗaki ɗaya mai tsawo. Kekuna uku a jere ta gefen taga, teburin yanka a tsakiya, wurin guga can ƙurya kusa da ƙofar baya. A takarda shagon na Auta ne, amma kowa a layin ya san hannun da ke jawo mutane na Kawu ne, yayan mahaifiyarsa. Kawu ne ya ɗauke shi bayan rasuwar babansa, ya raine shi, ya koya masa riƙe almakashi. Da gwiwoyi suka fara yi wa tsohon gardama sai ya miƙa masa makullan shago, ya ce shi dai a bar masa teburin yanka. Shekararsa saba'in ba biyu, amma in ya kalli kafaɗar mutum sau ɗaya ya san wadda ta fi sauka.

Dokoki biyu ne a shagon. Ta farko ta Kawu ce tun zamanin da: mai yanka ba ya ɗaura komai a hannu, ba zobe ba agogo, don kada ya ja zaren yadi. Ta biyu ta Auta ce, tsarabar kwas: duk wayar ma'aikaci tana kwana a aljihun tebur har a tashi. Wannan dai ba a ga laifinsa sosai ba, domin Dogo, telan da ke keken tsakiya, ya taɓa ƙona wandon wani yana dariya da waya. Saboda haka duk mai son sanin lokaci sai ya ɗaga kai ya dubi babban agogon bango da ke saman ƙofar shiga.

Wajen wata uku ke nan Kawu ya tsiri wata ɗabi'a. Yana cikin yanka sai ya ɗaga ido ya dubi agogo. Goma na cika, ko da yana tsakiyar hannun riga, zai ajiye almakashi ya bi ƙofar baya. Sai ya yi minti goma ya dawo, bai ce da kowa komai ba. Sha biyu haka, biyu haka, huɗu haka.

"Jirgin ƙarfe goma ya tashi," Dogo kan ce ƙasa-ƙasa, mai guga ya ƙunshe dariya.

Abin ya tsaya wa Auta a rai. Mutumin da a da sai an roƙe shi yake tashi cin abinci, yau shi ne idonsa ke kan agogo kamar ɗan makarantar da ke jiran a kaɗa ƙararrawa. Ga shi kuma sauran sun fara koyi: Kawu na fita, Dogo ya miƙe yana miƙa, mai guga ya leƙa titi. A kwas an ce musu shugaba shi ne mai faɗin gaskiya ido da ido. Auta ya gwada a gaban madubi, ya fito da kyau. A gaban Kawu kuwa bakinsa ya mutu murus. Ta ina zai fara yi wa wanda ya raine shi faɗan aiki?

Sai ya bi hanyar matsorata. Ranar Litinin ya riga kowa zuwa, ya taka kujera ya sauke agogon, ya cusa shi can cikin kabad ƙarƙashin bandiran yadi. Da aka tambaya ya ce ya lalace, ya kai gyara. Har ya ji daɗin dabarar, ba faɗa ba ɓacin rai.

A ranar nan Kawu ya dubi bangon ya fi a ƙirga. Sau biyu yana tambayar Auta ƙarfe nawa, Auta ya duba wayarsa ya faɗa masa. A na uku sai Auta ya ce, ba tare da ya ɗago ba, "Kawu, in lokacin tashi ya yi ai ni zan faɗa." Tsohon ya ce, "To," ya ja bakinsa ya tsuke.

Talata aiki ya yi yawa. Kawu ya kama yankan kwat uku tun safe, shi kuwa in ya duƙufa a kan yadi ba ya sanin inda rana take. Can wajen ɗaya saura wani lauya, babban kwastomansu, ya zo gwajin kaya tare da matarsa. Lauyan ya sa wandon ya tsaya gaban madubi, Kawu ya durƙusa da ƙyar, fil uku a bakinsa, yana daidaita ƙafar wandon.

Matar ce ta fara gani. Ta ɗauke kai da sauri ta kama duban silin. Sai Dogo ya gani, kekensa ya tsaya. Sai Auta. Ruwa ne ke bin ƙafar Kawu yana taruwa a kan tayil, yana gangarawa wajen takalmin lauyan. Kawu kuwa yana ta aikinsa, ya zare fil daga baki ya soka, ya sake zarowa. Duk ɗakin shi ne na ƙarshen sani. Sai da lauyan ya ja da baya sannan ya dubi ƙasa.

Kawu ya soka fil ɗin da ya rage, ya dafa tebur ya miƙe.

"Ku yi haƙuri," ya ce, ya fita ta ƙofar baya.

Auta ya goge tayil da hannunsa, yana ba lauya haƙuri har bakin mota. In za a faɗi gaskiya, abin da ya fara zuwa masa ba tausayi ba ne, haushi ne: sunan shago, bakin matar lauya. Wannan haushin ne ya fi damun sa daga baya, duk sanda ya tuna.

Kwana uku Kawu bai zo ba. In Auta ya kira, Inna, matar Kawu, ce ke ɗauka ta ce yana hutawa. A rana ta huɗu dole Auta ya tsaya a teburin yanka da kansa. Ya jawo aljihun Kawu yana neman alli, sai ga wata takardar asibiti a ninke, gefenta ya yi baƙi don yawan taɓawa. A gabanta rubutun likita ne, da wata doguwar kalma an ja mata layi. A bayanta kuma rubutun Kawu ne da fensir: takwas, goma, sha biyu, biyu, huɗu, shida, kowace rana da layinta, kowane lokaci da ɗan maki a gefe. Layukan sun cika shafin tsaf. Layin Litinin maki uku ne kawai. Na Talata ɗaya.

Bai san ma'anar kalmar ba. Ya ɗauki takardar ya tsallaka kyamis ɗin da ke kallon shagonsu, wurin matar da kowa ke kira Sista, don ta yi aikin jinya shekara ashirin kafin ta buɗe wurin.

Sista ta sa gilashi ta dubi sunan da ke sama, ta dube shi, sannan ta koma kan takardar.

"Shi ya ba ka?"

"A aljihun teburinsa na gani. Don Allah mene ne wannan da aka ja wa layi?"

Ta ɗan yi jim, kamar mai shawarar ko ta faɗa. "To, kai ɗansa ne. Sistofati ake cewa. Kalmar likitoci ce, gida biyu gare ta: sisto, mafitsara ke nan, fati kuma ciwo. Ciwon mafitsara, kowane iri. Shi ya sa ba kasafai suke rubuta ta ita kaɗai ba, sai sun haɗa da abin da ya jawo ta. Ka ga wannan ta kusa da ita? Ciwon suga."

"Suga kam ya daɗe da shi."

"To shi ne. In ya daɗe yakan kashe jijiyoyin da ke kai wa mutum saƙo. Kai in mararka ta cika ai tana kiran ka, ko ba haka ba? Shi tasa ta daina kira. Sai ta cika ta batse bai sani ba, har ta zubo da kanta. Ba sakaci ba ne, ba kuma ruɗewar tsufa ba. Sai likita ya ce kada ka jira ka ji, bi agogo, duk bayan awa biyu ka je ko kana ji ko ba ka ji. Kuma ba don gudun kunya kaɗai ba, in fitsari na daɗewa a ciki yana iya taɓa ƙoda." Ta juya bayan takardar, ta yi murmushi. "Kai, tsohon nan akwai jin magana. Da duk masu zuwa nan haka suke da na huta. Amma me ya same shi ranar Litinin?"



"Agogonmu ne ya lalace," in ji Auta.

"Ayya, rashin sa'a," in ji Sista, ta miƙo masa takardar.

Ya fito titi. Ƙarya ɗaya, ya yi ta sau biyu, ta biyun ma ba wanda ya matsa masa. Kunya ta rufe shi har ya kasa komawa shago. Ya leƙa ya ce da Dogo ya kula da wuri, ya nufi gidan Kawu. A hanya yana ta tsara magana, kowace ya tsara sai ya ga wanke shi kawai take yi, ya watsar. Abu biyu yake so: tsohon ya dawo teburinsa, kuma ya yafe masa. Bai san ko za a iya samun na farkon ba tare da ya tona kansa ba.

Ya tarar da Kawu a falo, kan kujerar roba kusa da taga, ba kan kushin ɗin da ya saba zama ba. Ya sa baƙin wando, shi da duk rayuwarsa fari yake sawa. Inna ta kawo shayi, na Kawu babu suga, ta koma ciki.

"Auta, ka zo. Ya shago?"

"Lafiya, Kawu. Ya jiki?"

"Da sauƙi." Ya juya kofin a hannunsa. "Ka yafe mini, na ba ka kunya a gaban mutane. Lauyan nan ya karɓi kayansa kuwa?"

Wannan neman gafarar ce ta karya Auta. Ya sauko daga kujera ya durƙusa, ya ajiye takardar a kan gwiwar tsohon.

"Kawu, na ga wannan, an kuma fassara mini. Ni ne mai laifi. Agogon nan bai lalace ba. Ni na sauke shi na ɓoye, saboda kai. Na ɗauka gajiya ka yi da aiki."

Kawu ya dubi takardar, ya ninke ta yadda take.

"Na sani," ya ce. "Kabad ɗin ai a bayana yake. Duk sanda kekuna suka tsaya sai in ji shi yana bugawa a ƙarƙashin yadi. Jin sa kawai nake, ban san ƙarfe nawa yake cewa ba."

Hawaye ya cika idon Auta. "Ka dawo, Kawu, don Allah. Zan mayar da shi yau. Zan sayo wani ma, a sa maka a kan tebur."

"A'a, ɗan nan. Na gama durƙusawa a gaban mutane. Hannunka ya isa, ka riƙe."

"To me ya hana ka faɗa mini tun farko? Kalma ɗaya fa, Kawu. Da ka faɗa, wallahi da ban yi ba."

Tsohon ya daɗe yana kallon sa. Babu fushi a fuskarsa, da ma akwai da Auta ya fi samun sauƙi.

"Sanda ka zo hannuna kana fitsarin kwance," ya ce a hankali. "Har ka kai shekara tara. Kullum da safe sai ka juya katifa ka rufe da bargo, ka fito kana fara'a. Ka taɓa faɗa mini?"

Auta ya girgiza kai.

"Ni ma ban taɓa jiran ka faɗa ba. Dubawa nake yi."

Daga cikin ɗaki Inna ta ɗaga murya: "Malam, huɗu ta yi."

Kawu ya ajiye kofin, ya dafa hannun kujera ya miƙe. Auta ya kai hannu zai taimaka masa, ya ce bari, zai iya. Ya bi ta gefensa ya wuce ciki, ya bar shi durƙushe a wurin.