Inda Baba Ari Ya Kai Ƙara

Baba Ari mutumin Droum ne, irin tsofaffin nan da gara su ɓata da su tambayi hanya. Da alƙali ya ba Lawali, ɗan baffansa, gonar da Ari ya gada, aka ce yana da wata biyu ya ɗaukaka ƙara a Damagaram. 'Yarsa Wasila ta ce za ta raka shi, ya ce ya san Damagaram tun kafin uwarta ta iya ɗaura zane.

Abin da ya sani kuwa tsohon gidan shari'a ne a cikin Birni, bayan wani falalen dutse, inda ubansa ya taɓa zuwa da shi. Can ya nufa da rana tsaka. Zauren sanyi ƙalau, mutane jere a kan benci, ba mai tari, ba mai korar ƙuda. Wani akawu mai farar jamfa ya karɓi takardar ƙarar bai ko tambayi sunansa ba. Ya buga hatimi, ya yi rubutu a bayanta, ya miƙo masa, ya ce ya je sai an neme shi.

Damina ta zo ta wuce ba a neme shi ba. Lawali ya shuka gonar, ya girbe geronsa. Sai wata Alhamis aka tsinci Lawali a gindin gawon gonar, babu rai, babu ko ƙwarzane. Tun ba a yi sadakar bakwai ba 'ya'yansa suka fara zancen sayarwa. Nan Wasila ta daina jin maganar tsoho, ta sa shi a mota.

A kotun gaskiya aka duba, babu ƙara mai sunansa, wa'adi kuma ya wuce da wata biyar. Ari ya durƙusa gaban alƙali, abin tausayi, ya ce bai yi sakaci ba, ƙofa ce ya kuskure. Ya zaro takardar daga aljihu.

Alƙali ya daɗe yana kallon hatimin, sannan ya kira Malam Umaru, akawun da ya fi kowa daɗewa a gidan. Da Malam Umaru ya ga rubutun sai ya nemi kujera. Ya ce hannun Alkasum ne, wanda ya koya masa aiki, Alkasum kuwa shekararsa talatin a kabari. Ginin ma rufinsa ya rufta tun tuni, awaki ke kwana a ciki.

Alƙali mutum ne mai sauƙin kai. Ya ce ko wane ne ya buga hatimin, kwanan watan ya nuna tsoho ya fito neman haƙƙinsa cikin lokaci, don haka an yafe jinkirin, za a saurare shi ranar Litinin. Wasila ta fashe da kukan murna.

Malam Umaru bai yi murna ba, don ya juya takardar yana karanta bayanta. An rubuta shaidu biyu, uban Ari da uban Lawali, waɗanda suka dasa gambar iyaka da hannunsu. An rubuta ranar da wanda ake ƙara zai bayyana. Wasila ta ƙirga da yatsu, ranar da aka tsinci Lawali ce.

"Mai ƙara fa?" in ji Ari.

"Alhamis mai zuwa, Baba," in ji Malam Umaru.

Yau Talata. Tsoro ya kama kowa a ofishin, har da alƙalin. Ari ya karɓi takardarsa ya ninke a hankali, ya mayar aljihu. Ya dubi 'yarsa, sannan ya dubi alƙali.

"Ranka ya daɗe, a sa sunan Wasila a ta Litinin ɗin. Ni can na fara kaiwa, can zan je."