Yadda Tsawa Ya Koma Goyo

A wani gari da ke bakin babban kogi, inda dodannin ruwa kan fito shan hantsi a kan yashi, an yi wata mata mai gadin gada. Gajeriya ake ce mata, don ko linzamin doki sai ta yi ɗage take kamawa. Makaminta wani guntun kulki ne baƙi wuluk, wanda mijinta maƙeri ya ƙera da ƙarfen da ya faɗo daga sama. Kulkin ba ya fasa kai, ba ya karya ƙashi. Duk abin da ya buga, baya yake mayar da shi cikin shekarunsa. Ranar da aka gama ƙera shi ta gwada a kan kujerar maƙera, kujerar ta koma kututture har da ɗanyen ganye.

Wata safiya tana zaune bakin gada tana ɗinke takalminta, sai ga mutane a guje, kowa na zubar da kayansa. Tsawa ne ya sauko daga duwatsu, wani ƙaton ɗan fashi da ya addabi garuruwan ƙetare. Gemunsa ya yi furfura, amma gatarinsa sai ƙarti biyu suke ɗagawa.

Ya tako kan gada, katako na kuka a ƙarƙashinsa. "Ke 'yar tsohuwa, ba ni hanya."

"Ɗana, koma inda ka fito," in ji Gajeriya, tana sa takalmin. "Garin nan yau ba ya karɓar baƙi."

Ya yi wata dariya, ya kawo sara. Ta sulale ta ƙarƙashin hammatarsa ta ƙwala masa kulki a gwiwa. Nan take furfurar ta ɓace, tumbin ya shige, bayan ya miƙe. Tsawa ya dubi damatsansa, ya yi ihun murna. Ashe lokacin da ƙarfinsa ke tashe ta mayar da shi.

Gajeriya ta gyara riƙon kulkinta. Sara na biyu ya tsinke mata ɗankwali, na uku ya yi kaca-kaca da makarin gada. Tana ta ja da baya, numfashi na neman ƙwace mata, har dugaduganta suka kai inda katako ya karye, ruwa na gudu a ƙasa.

Mijinta, wanda ya fito daga maƙera da awartaki a hannu, ya ƙwalla mata kira daga gaɓa. "Uwargida, kada ki tsaya a nan! Ƙara masa!"

Ta durƙusa, gatarin ya wuce ta saman kanta, ta zabga masa a ƙugu. Gemu ya tafi. Wani siririn saurayi ne ya rage cikin rigar ƙato, gatarin ya gagare shi ɗauka. Ya buɗe baki zai yi ruri, muryar ta fito a tsage, mutanen da ke gaɓa suka kwashe da dariya.

"To ya isa haka," in ji Gajeriya. "Zauna mu yi magana."

Kunya ta hana shi. Ya zaro wuƙa ya yo kanta, wandon da ya yi masa yawa ya harɗe shi, ya faɗo da goshi a kan kulkin da kansa. Gajeriya ta duba gabanta, ba kowa sai tulin tufafi. Can tulin ya motsa, wani jariri ɓul-ɓul ya tsala kuka.

Alƙalin gari ya iso da masu tsaro, suna jan sarƙa. "Ina mai laifin?"

Ta ɗaga masa shi. Alƙali ya dubi sarƙa, ya dubi 'yan ƙafafun, ya daɗe yana sosa ƙeya. Daga ƙarshe ya ce wannan dai bai yi wa kowa fashi ba tukuna, don haka ba shi da abin yanke masa. Ya tambaya wa zai riƙe shi. Kowa ya shiga kallon kogi. Jaririn ya cafke yatsan Gajeriya ya kai baki, ita kuwa ta ji ba za ta iya ajiye shi ba. Ta yage rigar Tsawa ta goya shi da ita.

A ƙofar gida mijin ya tare ta, ya riƙe haɓa. "Na ce ki ƙara masa, ban ce ki kawo mana shi ba."

"Kai ka ƙera kulkin, Maigida."

"In ya girma ya koma halinsa fa?"

"Wancan karon ban san wa ya rene shi ba. Wannan karon mu ne. Je ka aro mana akuya mai nono wajen ƙanwarka."

Ya tafi yana gunaguni. Da ya dawo, shi ne ya zauna a dandaryar ƙasa da ƙoƙo da cokali yana ba yaron, yana yi masa wasa da leɓe. Yaron ya shanye tas, ya yi gyatsar da ta sa akuyar tsinke igiya, maƙerin ya bi ta a guje yana dariya.